Ranar da Baba Ya Kira Ni Garba

Ranar sadakar uku muna zaune kan tabarmi a ƙofar gida, hantsi ya ɗan ɗaga, sai ga wani tsoho ya iso yana dogara sanda, rigarsa na ƙarnin kifi. Ya durƙusa da ƙyar, ya yi addu'a, aka shafa. Sannan ya ɗago ya dubi jama'a ya ce, "Allah ya jiƙan baban Garba. Ina Garban yake?"

Babban ɗana, wanda a Legas aka haife shi, bai san kowa a Wudil ba, ya matso kusa da kunnena ya ce, "Baba, tsohon nan fa ya ɓata gida." Ƙannena suka sunkuyar da kai. Baffa kuwa, ƙanen mahaifinmu, wanda kwana uku ba a ji muryarsa ba sai wajen cewa amin, ya ƙyalƙyale da dariya har hularsa ta zame. Dariya a zaman makoki! Ya nuna ni da carbinsa ya ce, "Ga shi nan, Malam. Furfura ce ta ɓoye maka shi."

Sunana ba Garba ba ne. Sau biyu kacal aka taɓa kira na da shi a gidanmu, kuma saboda sau biyun nan na zauna nake wannan rubutu, don kada mu da muka san zancen mu ƙare a bar shi ba mai faɗa.

Tun ranar da aka kai Baba makwancinsa mutane ke zuwa, kowa da abin da zai tuna. Wani daga Utai ya ce shekara da shekaru a wajensa yake karɓar dashen albasa, bai taɓa komawa hannu biyu ba. Wani ya ce duk ranar Juma'a in an tashi daga kasuwa, a rumfarsa ake sasanta masu faɗa, ya yi ta ba su labari har su manta abin da ya haɗa su. Mata a cikin gida suna ta faɗin yadda yake tsokanar jikoki. Kowa dai abu ɗaya yake maimaitawa: mutum ne mai hira, mai ban dariya, ba ya gajiya da magana. Ina zaune ina gyaɗa kai, ina karɓar hirar mahaifina daga bakin mutane, don ni ban samu rabona a cikinta ba.

Ni ne ɗan fari. Baba kuwa mutumin da ne, ya riƙe kunyar ɗan fari da hannu biyu. Bai taɓa ambaton sunana ba, bai taɓa duban fuskata ba, bai taɓa fuskantata da magana ba. Inna ma haka take, amma ita takan saki fuska in ba kowa. Shi ko kusa. In yana so in yi wani abu, jakinmu yake gaya wa. Sai ya tsaya a tsakar gida ya yi gyaran murya ya ce, "Jakin nan dai tun safe bai ga ruwa ba." In tashi in ɗauki guga. Ko ya dubi katanga ya ce, "A gaya wa wasu mutane gobe da sassafe za a fadama." Ba wasu mutane a gidan sai ni, ƙannena duk mata ne ƙanana a lokacin. Ranar da na ci jarrabawar gama firamare na shigo da takarda ina rawar jiki, ya ci gaba da gyaran fartanyarsa, ya ce wa Baffa, "Na ji an ce an ci jarrabawa a unguwar nan." Shi ke nan barkar da na samu.

Ba zan yi ƙarya ba, abin yana ci mini rai. Na san al'ada ce, ba ni kaɗai ne ɗan fari a Wudil ba. Amma ina ganin iyayen abokaina sun fara sassautawa, wani har ya dafa kafaɗar ɗansa a kasuwa. Ni kuwa ina da zuciya tun ina yaro, abu kaɗan in cika in batse. Na sha gaya wa Baffa cewa mutumin nan ba kunyata yake ji ba, ƙi na yake yi. Baffa ya ce, "Kai dai ba ka da wayo. Lokacin da shawara ta kwantar da kai, wa ya taka har Kausani a ƙasa ya karɓo maka magani?" Na ce ai kai ne. Ya ce, "Ni da ko ƙofar gari ban kai ba? Hannuna kawai aka ara."

A haka muka kai shekarun da kuɗin mai ya buɗe wa ƙasar nan ido. Manyan motoci suka riƙa ƙetare gadar Wudil ba dare ba rana, ɗauke da siminti da rodi. Sa'o'ina suka watse, wasu masana'antun Kano, wasu kudu. In sun zo salla sai ka gan su da rediyo a kafaɗa, da agogo, da wando mai faɗin ƙafa yana share ƙasa. Ni kuwa ina bakin kogi tare da Baba muna jan jigo, muna ban ruwan albasa da tumatir, tun safe har azahar ba mai ce wa wani uffan. Ana nan wani abokina ya aiko mini da wasiƙa daga Legas: ana neman mai iya rubutu a tashar jiragen ruwa, ya yi mini hanya, amma in wata ya mutu ban zo ba za a ba wani.

Ba zan tafi ba da yardar Baba ba, wannan ko a mafarki. Na kuma san abin da tafiyata take nufi. Bayansa ya fara ciwo, jigo aikin mutum biyu ne, kuma ba wani namiji a gidan. Na tura Baffa ya nema mini izini. Ya dawo ya ce, "Ya ce ya ji." Na sake tura shi bayan kwana uku. "Ya ce ya ji." Na haɗa kayana a akwatin kwano na tura ƙarƙashin gado, ina kallon wata yana raguwa, raina kamar ya fita.

A cikin kwanakin nan ne masu ɗaukar majigi suka zo daga Kano a wata doguwar mota. Shugabansu, wanda suke kira darakta, saurayi ne ɗan birni da ya yi karatu a waje, siriri, mai yawan shafa kai in yana tunani. Ya gaya wa dagaci cewa ɗan gajeren fim zai yi, na kamar minti ashirin, kuma ba 'yan wasa yake so ba, manoma na gaskiya yake nema. Labarin na wani manomi ne da ɗansa Garba. Garba yana so ya tafi birni, uban ya tsufa, a ƙarshe uban zai ce masa ya zauna, shi kuma ya ajiye kayansa. Mutane suka ce to ina dambe, ina kiɗa, ina abin dariya? Ya ce babu. Da yawa a nan suka kama gabansu.

A kasuwa ya gan mu, ni da Baba, muna sauke buhunan albasa. Ya tsaya yana kallonmu, ya ce bai taɓa ganin kama irin wannan ba. Baffa na kusa, caraf ya ce, "Ai uba da ɗa ne." Bai ƙara ko kalma ɗaya ba, shi kuma daraktan bai tambayi ɗa na nawa ba. Har yau in na tuhumi Baffa sai ya ce shi dai gaskiya ya faɗa. Baba ya ƙi da farko, ya ce shi ba ɗan kama ba ne. Sai da dagaci ya sa baki sannan ya ce to, tunda wasa ne.

Kwana uku na farko ba wata magana a cikin aikin. A ɗauke mu muna tafiya fadama, shi a gaba ni a baya. A ɗauke mu muna jan jigo. A ɗauke mu zaune a gindin giginya, kowa da ƙwaryar furarsa, kowa na kallon wani gefe. Daraktan ya rasa inda zai sa kansa don murna. Yana ta cewa, "Haka nake so! Ku riƙe shirun nan. Baba, wallahi kai ɗan wasa ne tun daga haihuwa. Dubi yadda kake kawar da kai daga yaron, kamar akwai abin da ke cin ka a rai. Wa ya koya maka?" Baba ya ce, "Ba kowa." Baffa ya koma bayan mota yana riƙe ciki. Mu dai zamanmu na kullum muke yi, bawan Allah yana ƙona fim a kai.

Ranar ƙarshe ce ta magana. Da hantsi aka kafa kyamara a bakin kogi, aka rataya abin ɗaukar murya a kan gora. Jama'a sun taru a kan tudu, masunta sun jawo jiragensu gefe suna kallo, har da tsohon nan da ya zo mana gaisuwa, lokacin yana da ƙarfinsa. Baba ba ya karatun boko, don haka daraktan ya karanta masa abin da zai faɗa: "Garba, ajiye kayan nan. Arzikinka yana ƙasar nan." Ya ce a gwada sau ɗaya kafin a ɗauka. Baba ya ce, "Na ji." Daraktan ya roƙe shi, ya ce fim ɗin da ya rage musu kaɗan ne, in ya ƙone ba a gogewa. Baba ya ce, "Na ce na ji." Ni kuwa aka ce in zo da akwati. Don baƙin rai na je na jawo nawa na ƙarƙashin gado, da kayana a ciki.

Daraktan ya ɗaga hannu ya ce, "Baba, ka faɗa kamar da gaske." Kyamara ta fara ƙara.

Na tako da akwatin a kai na tsaya a bayansa. Ya zuba gugan da ya jawo, ya saki igiya, ya juyo. Ya dube ni a fuska. Ina da shekara ashirin da 'yan kai, ranar na fara sanin akwai ɗan tabo a girarsa ta hagu.

Ya ce, "Garba."

Na daskare. Sai da ya sake faɗa sannan na ce, "Na'am, Baba."

Ya ce, "Na ga akwatin nan tun ranar da aka tura shi ƙarƙashin gado. Ni ban hana ka ba. Ka tafi. Ka riƙe salla, kada ka ci abin wani. Gonar nan zan iya da ita, bayan nawa bai kai yadda ake faɗa ba." Ya ƙara da cewa, "In ka dawo ka same ni, to. In ba ka same ni ba, na yafe maka tun yau, duniya da lahira. Ba ka taɓa ɓata mini rai ba. Allah ya yi maka albarka."

Ya juya ya kama igiyarsa. Ni a rubuce an ce in sauke akwatin, amma hannuna ya ƙi. Ina tsaye hawaye na zuba a kan rigata, kyamara na ta ƙara, don daraktan ya manta bai ce a tsaya ba.

Da ya dawo hayyacinsa sai rigima ta tashi. Ya ce, "Haba Baba! Ba haka aka rubuta ba. An aiko ni in yi fim ɗin da zai zaunar da samari a gona, kai kuma ka sallami yaro a gaban kowa? Me zan kai wa manyana?"

Baba ya ce, "Kai ka ce in faɗa kamar da gaske."

"To a sake. Saura kaɗan, zai isa."

"Ɗan nan, ni ba na maimaita magana."

Daraktan ya yi ta faɗa, ya jefar da takardunsa, ya ce kwana huɗu sun tashi a banza. Baba ya yi biris da shi, yana ta jan ruwa. Sai Baffa ya ja daraktan gefe ya raɗa masa wani abu a kunne. Na ga ya juyo ya dube ni, ya dubi Baba, ya shafa kai. Ya zauna daɓas a kan yashi. Daga baya Baffa ya gaya mini abin da ya raɗa masa bai wuce wannan ba: ɗan farinsa ne fa. Da daraktan ya miƙe, muryarsa ta sauka. Ya ce wa mai kyamara ya ƙarar da sauran fim ɗin a kan Baba shi kaɗai yana jan jigo, ni kuma ya ce in ɗauki hanya da akwatina, kada in waiwaya.

Duk da haka, da yamma shakka ta kama ni. Wasa ne ko gaske? Wa aka yi wa magana, ni ko Garba? Na sake tura Baffa, karo na uku. Ya dawo yana murmushi ya ce, "Ya ce shi ba shi da magana da kai. Wanda ya yi wa magana ya ji." Washegari da zan fita tasha, Baba ya riga ya tafi fadama. Na tarar da akwatina a zaure an ɗaure shi tamau da sabuwar igiyar rama, irin wadda yake tufkawa da hannunsa don jigo. Igiyar tana nan a ɗakina har yanzu.

Ban taɓa ganin fim ɗin ba. An ce sau ɗaya aka nuna shi a Wudil, a filin firamare bayan magariba, ina can Legas. Baba bai je ba, ya ce yana da ban ruwa da safe. Inna ma ba ta fita ba, amma lasifika ta kawo mata muryarsa har tsakar gida, ƙanwata ta ce ta ga ta ja mayafi ta rufe fuska. An yi makonni ana musu a kasuwa. Wasu suka ce tsohon ya yi wauta, wa zai riƙe masa gona? Wasu suka ce shi ne uba. Daga nan aka sa masa baban Garba, tsofaffi suka riƙe sunan, yara suka taso ba su san mafarinsa ba. Na nemi fim ɗin a Kano ba sau ɗaya ba, ba wanda ya san inda ya shiga. Daraktan ma ban sake jin ɗuriyarsa ba. In yana raye Allah ya saka masa da alheri, in ya rasu Allah ya jiƙansa, don da ya nace an sake, ko ya yanke wurin, da sai in yi ta zaton wasa ne. Shi ya sa har yau in yarana suna kallon gajerun finafinai a waya, ba na tsayawa sai a kan wanda mutum biyu ke zaune an rasa mai fara magana. Su kan ce ba abin da ke faruwa, ni kuma in ce su bari mu gani.

Kada wani ya zaci Baba ya canza bayan wannan. Ko kaɗan. Duk zuwan da na yi gida, shekara talatin da wani abu, bai sake duban fuskata ba. Jakin ya mutu, sai ya koma gaya wa motata. Ya kewaya ta ya ce, "Motar nan ta sha hanya, a ba ta abinci ta huta." Sai dai yanzu kunnena ya buɗe, ina jin abin da ake faɗa. Ciwon bayan nasa kuwa ya kai yadda ake faɗa har ya wuce, Baffa ne ya tona mini: shekara biyu yana jan jigo shi kaɗai yana cije baki, kafin in samu halin aiko da injin ban ruwa, kuma ya hana kowa ya rubuto mini. Ni dai na kasa riƙe al'adar. Ina kiran ɗan farina da sunansa, har mu ci abinci kwano ɗaya. Ranar da Baba ya ji, ya dubi katanga ya ce, "Zamani ya zo unguwar nan." Amma na lura da shi, yana dariya ƙasa-ƙasa.

Da damina ciwon ajali ya kwantar da shi. Ana ta ce mini da sauƙi, kada in taso. Wata rana bayan azahar ya buɗe ido ya ce, "Ku kira mini Garba." Ƙannena suka dubi juna. Aka je aka kirawo Garba mai shayi na bakin titi, ya zo ya durƙusa, Baba ya girgiza kai. Aka kawo wani Garban, jikan maƙwabcinmu, ya sake girgiza kai. Suka fara cewa ciwo ne ya taɓa masa hankali. Inna tana bayan ƙofa tana jin su. Ita ma ba za ta iya faɗin sunana ba, sai ta ce wa autarmu, "A buga waya Legas."

Na kwana a hanya, na iso da la'asar. Ɗakin na warin man zafi, ya rame har na tsorata. Na durƙusa a bakin gado kamar yadda na saba, kaina a ƙasa, ina jiran ya gaya wa bango cewa an ga baƙi. Sai na ji ya motsa. Na ɗago, na tarar idonsa a kaina, tabon nan na girarsa yana nan.

"Garba."

"Na'am, Baba."

"Ka dawo?"

"Na dawo, Baba."

Ya lumshe ido ya ce, "To, ka same ni."

Bayan kwana biyu, da hantsi, ya cika da kalmar shahada. Daga Allah muke, gare shi za mu koma. Allah ya jiƙan Baba, ya yafe masa kamar yadda ya yafe mini tun ban roƙa ba, ya shayar da shi kamar yadda ya shayar da shukarsa, ya ba Inna da Baffa haƙurin rashinsa.

Da tsohon masuncin nan ya gama hutawa ya yunƙura zai tafi, na tashi na kama masa hannu har bakin hanya. Ya ce, "Garba, sai haƙuri." Na ce, "Na'am, Baba. Na gode."